Rigimar amintattu da neman rakiyar 'yan sanda: a bar wa kotu aikinta

Duk wanda ya taɓa aiki a ofishin wani babba a Abuja ya san irin wannan wasiƙar. Lauya ne ke rubuta ta, ko hadimin mai gida, a aika wa Sufeto Janar na 'Yan Sanda a hedikwatar rundunar da ke gidan Louis Edet, ko a kai wa Kwamishinan 'Yan Sandan Birnin Tarayya. A samanta an rubuta neman kariya, a cikinta kuwa labarin wata gidauniya ne, ko makaranta, ko wurin ibada, ko ƙungiyar mazauna rukunin gidaje, wadda amintattunta suka dare gida biyu. Mai wasiƙar zai ce shi ne halastaccen shugaba, ya maƙala kwafin wani umarnin kotu, ya roƙi a ba shi jami'ai su raka shi ofis. Kafin mako ya zagayo ɗaya ɓangaren ma ya kai tasa wasiƙar da nasa umarnin kotun. Daga nan sai a ga wanda ya fi kusa da masu iko shi ke kwana da makullin ƙofa.

Ra'ayinmu a kan wannan al'amari a fili yake. Ɗan sanda yana da hurumin tsare rai da dukiya a duk inda aka yi barazana gare su, ko da a tsakiyar rigimar amintattu ne. Amma faɗin wane ne halastaccen amintacce, da wanda zai riƙe ofis, da wanda zai sa hannu a asusun banki, wannan na alƙali ne. Matsalar da ƙasar nan ke fama da ita ita ce an cakuɗa ayyukan biyu, har kalmar kariya ta zama mayafin da ake lulluɓe ƙwace da shi.

Yana da kyau a fara da tuna abin da ake rigima a kansa. A ƙarƙashin Dokar Kamfanoni ta 2020, wadda tsohon Shugaban Ƙasa Muhammadu Buhari ya sa wa hannu a watan Agustan wannan shekara, duk wata al'umma ko ƙungiya da aka kafa don addini, ilimi, al'ada, jin ƙai ko ci gaban jama'a tana iya naɗa mutum biyu ko fiye su je Hukumar Rajistar Kamfanoni, wato CAC, a yi musu rajista a matsayin amintattu. Da zarar an ba da takardar shaida, ƙungiyar ta zama mutum a idon doka. Tana iya mallakar fili da gini, ta kai ƙara, a kai ta ƙara, kuma ba ta mutuwa don wani amintacce ya mutu. Dokar ta ce kuɗi da kadarorin ƙungiyar ba za a kashe su ba sai a kan manufar da aka kafa ta dominta, ba a raba wa mambobi riba, kuma ko da an rushe ta, abin da ya rage bayan biyan bashi wata ƙungiya mai irin manufarta ake miƙa wa.

Ma'anar wannan ita ce amintacce ɗan ajiya ne. Sunansa ne a takarda, amma dukiyar ta ɗaliban makarantar ce, da marasa lafiyar asibitin, da marayun gidauniyar, da masallatan da suka tara taro da sisi aka yi ginin. Shari'ar Musulunci ma haka ta ɗauki wakafi tun tuni: abin da aka tsayar don Allah ba a sayar da shi, ba a kyautar da shi, ba a gadonsa, mai kula da shi kuma ana iya cire shi idan ya ci amana. Kundin Tsarin Mulkin 1999, a sashe na 262 da na 277, ya ambaci wakafi da wasiyya da gado cikin batutuwan da Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a ke da hurumi a kansu idan mai dukiyar Musulmi ne. Ta kowace fuska aka duba, mutumin da ya je neman 'yan sanda don ya karɓe ofishin amintattu yana neman a taya shi kame abin da ba nasa ba ne, ko da kuwa a ƙarshe kotu za ta ce shi ne ya cancanci ya kula da shi.

Irin wannan rigima tana da tsawon rai, kuma littattafan hukunce-hukuncen Kotun Ƙoli sun shaida haka. Samuel Oshoffa, wanda ya kafa cocin Celestial, ya rasu a 1985. Alexander Bada ya hau kujerarsa, sai ɗaya daga cikin amintattun cocin, Owodunni, ya ƙalubalanci naɗin a kotu. Sai a shekarar 2000 Kotun Ƙoli ta yanke cewa ba a bi tsarin mulkin cocin ba wajen naɗin. Shekara 15 ke nan ana jiran amsar tambaya ɗaya, kuma ko bayan hukuncin cocin ya ci gaba da fama da rabuwar kai. A cocin Assemblies of God, rikici ya ɓarke a 2014 lokacin da aka tsige babban shugabansa, Farfesa Paul Emeka, Chidi Okoroafor ya maye gurbinsa. Shari'ar ta taso daga Babbar Kotun Jihar Enugu, ta bi ta Kotun Ɗaukaka Ƙara, har Kotun Ƙoli ta kori ƙarar Emeka a watan Fabrairun 2017, tana mai cewa rigimar shugabancin coci ba ta cikin abubuwan da ake nema ta hanyar ƙarar kare haƙƙin ɗan Adam. Cikin waɗancan shekaru rikicin ya sauka har rassa, mabiya suka rabu, aka sha kiran 'yan sanda.

Mun kawo waɗannan misalai biyu ne saboda sun kai Kotun Ƙoli, kowa na iya duba su. Cutar ba ta da addini kuma ba ta da yanki. Ana samunta a kwamitocin masallatai, da makarantun Islamiyya da aka gina da kuɗin jama'a, da ƙungiyoyin 'yan kasuwa, da na tsofaffin ɗalibai, da gidauniyoyin da attajirai suka bari 'ya'yansu na ja-in-ja a kansu. Ko jam'iyyun siyasa, waɗanda hukumar zaɓe ke yi wa rajista, ba su tsira ba. Mazauna Abuja ba su manta da ranar 18 ga Nuwamban 2025 ba, sa'ad da ɓangarori biyu na jam'iyyar PDP, kowanne da nasa shugabannin da nasa kwamitin amintattun, suka yi arba a Wadata Plaza, aka harba barkonon tsohuwa, daga bisani 'yan sanda suka rufe ginin da waya mai ƙaya.

Tsawon shari'a shi ne ya sa kowane ɓangare ke rige-rigen zuwa wurin 'yan sanda. Idan hukunci zai ɗauki shekara goma, wanda ke cikin ofis a yau shi ne zai karɓi kuɗin makaranta da na haya na shekara goma, shi zai ɗauki ma'aikata ya kori waɗanda ba sa tare da shi, da kuɗin ƙungiyar kuma zai biya lauyoyin da za su ja shari'ar. Kafin a kai ga hukunci, wataƙila an sayar da filin, ko an ci bashi da takardunsa. Saboda haka motar 'yan sanda guda da ta tsaya a bakin ƙofa da safe tana iya yanke abin da alƙalai biyar na Kotun Ƙoli za su zauna a kansa bayan shekaru, ta kuma yanke shi ba tare da an ji ta bakin kowa ba. Duk masu rigimar sun san wannan, shi ya sa suke kashe kuɗi da alfarma a kai.

Doka ba ta yi shiru a nan ba. Sashe na 4 na Dokar 'Yan Sanda ta 2020 ya lissafa ayyukan rundunar: hana aikata laifi da gano shi, kare rai da dukiya, tabbatar da zaman lafiya da bin doka. Babu raba gardamar mallaka a ciki. Sashe na 32, ƙaramin sashe na 2, ya hana a kama mutum don kawai wata taƙaddama ta farar hula ko saɓa yarjejeniya, kamar yadda sashe na 8 na Dokar Gudanar da Shari'ar Laifuka ta 2015 ya riga ya tanada. A 2020 Kotun Ƙoli ta sake jaddada wannan a shari'ar Kure da Kwamishinan 'Yan Sanda, wadda ta samo asali daga kwangilar kawo ɗan raƙumin dawa da ba a cika ba. An mayar da cinikin laifi har aka yanke wa mutum hukunci, Kotun Ƙoli ta soke hukuncin, ta kuma ja kunnen 'yan sanda kan tsoma baki cikin harkar da kotun farar hula ce ke da ita.

Hukuncin da ya fi dacewa da wannan batu kuwa ya girmi yawancin kuratan da ake turawa bakin ƙofofin nan. A tsakiyar shekarun 1980, Gwamnatin Jihar Legas ta yi jayayya da Cif Emeka Odumegwu Ojukwu a kan wani gida da ke lamba 29, titin Queen's Drive, a Ikoyi. Shari'a na gaban kotu gwamnati ta tura mutane kimanin 150 ɗauke da makamai suka fitar da shi. Kotun Ɗaukaka Ƙara ta ce a mayar da shi, gwamnati ta ƙi, ta garzaya Kotun Ƙoli tana neman a dakatar da umarnin. A 1986 Kotun Ƙoli ta ƙi biya mata buƙata. Dalilinta shi ne wanda ya miƙa magana ga kotu ba shi da damar ya je ya ɗauki doka a hannunsa, sa'an nan ya dawo yana roƙon alfarmar kotun da ya raina. An yanke wannan hukunci a zamanin mulkin soja, a kan gwamnan soja. Idan gwamna mai kaki bai sami wannan dama ba, babu dalilin da shugaban wata gidauniya zai same ta a mulkin farar hula don kawai yana da aboki a hedikwatar 'yan sanda.

Za a ce, to ai masu wasiƙun suna haɗawa da umarnin kotu, kuma sashe na 287 na Kundin Tsarin Mulki ya wajabta wa dukkan hukumomi da mutane su aiwatar da hukuncin kotuna. Haka ne. Sai dai akwai abubuwa biyu da ake tsallakewa. Na farko, aiwatar da hukuncin farar hula yana da ma'aikatansa da matakansa. Kotu ce ke fitar da takardar zartarwa, ma'aikatanta ne ke zuwa su zartar, 'yan sanda kuma su tsaya don kada a taɓa lafiyar ma'aikatan. Mai shari'a ba ya ɗaukar kwafin hukunci ya kai wa DPO ya ce a je a fitar masa da abokin gaba. Na biyu, ba kowace takarda mai hatimin kotu ce ke cewa abin da mai riƙe da ita yake faɗa ba. Da yawa umarnin wucin gadi ne da aka samu a bayan idon ɗaya ɓangaren. Wasu cewa kawai suka yi kowa ya tsaya a inda yake, sai kowane ɓangare ya fassara inda ake da ranar da ta yi masa daɗi. Wasu an ɗaukaka ƙara a kansu, wasu kuma kotun da ta bayar da su ba ta da hurumi tun farko, alhali sashe na 251 ya keɓe wa Babbar Kotun Tarayya batutuwan da suka taso daga aiki da Dokar Kamfanoni.

A nan dole ɓangaren shari'a ya ɗauki nasa kason laifin. Tun 1989, a shari'ar Kotoye da Babban Bankin Najeriya, Kotun Ƙoli ta bayyana cewa umarnin da ake bayarwa ba tare da jin ɗaya ɓangaren ba na halin gaggawa ne na haƙiƙa, na ɗan taƙaitaccen lokaci. Duk da haka lauyoyi ba su daina yawo daga jiha zuwa jiha suna neman alƙalin da zai ba su abin da suke so ba. A 2021 abin ya kai Babban Jojin Ƙasa na lokacin, Ibrahim Tanko Muhammad, ya kira manyan alƙalan wasu jihohi don su yi bayanin umarnai masu karo da juna, kuma a ƙarshen shekarar Majalisar Kula da Harkokin Shari'a ta Ƙasa ta hana alƙalai uku ƙarin girma na wasu shekaru saboda haka. Matuƙar kotuna biyu masu daraja ɗaya za su ci gaba da ba mutane biyu takardu biyu masu saɓani, to an miƙa wa kwamishinan 'yan sanda ikon zaɓar wadda zai bi, wato an mai da shi kotun ɗaukaka ƙara ba tare da doka ta naɗa shi ba.

Ba ma cewa duk mai neman kariya maƙaryaci ne. Akwai amintaccen da ya tona asirin sata aka fara bibiyarsa, akwai shugabar makarantar da aka turo wa 'yan daba, akwai taron da idan ba a ga kaki ba jini zai zuba. Ƙirƙirar takardun bogi don canja sunayen amintattu laifi ne, cin amanar dukiyar da aka ba mutum ajiya ma laifi ne a ƙarƙashin sashe na 311 da na 312 na kundin hukunta laifuka na Penal Code da ake aiki da shi a Abuja. Idan 'yan sanda suka naɗe hannu a irin wannan suka ce ai magana na kotu, sun gaza a aikinsu. Abin da ake buƙata shi ne a iya bambancewa, kuma ma'aunin ba shi da wahala. A dubi abin da mai wasiƙar yake so ya faru bayan jami'ai sun iso. In so yake ya kwana lafiya a gidansa, ya je kotu ya dawo ba a tare shi ba, wannan kariya ce. In so yake a fasa kwaɗo, a fitar da wasu, a hana wasu shiga taro, a kama sakatare a ranar da za a kaɗa ƙuri'a, to neman mulki yake yi da bindigar gwamnati.

Akwai kuma dabarar rufe wuri gaba ɗaya, wadda rundunar ke yawan komawa gare ta da sunan ba ta goyon bayan kowa. A wasu lokuta ba makawa sai an yi hakan na kwana ɗaya ko biyu don a kashe wutar faɗa. Amma rufewar da ba ta da wa'adi kuma ba kotu ce ta ba da ita ba, ita ma hukunci ce, kuma waɗanda take faɗawa a kansu ba su ne suka yi rigimar ba. Amintattun suna da gidajensu da sana'o'insu. Yaron da jarrabawarsa ta ƙarato aka garƙame makarantarsa, da malamin da albashinsa ya maƙale saboda banki ya ga wasiƙu biyu ya dakatar da asusu, su ne ciyawar da giwaye ke tattakewa. Idan har wuri ya kai a rufe shi, kamata ya yi 'yan sanda su kai maganar gaban alƙali cikin gaggawa, shi kuma ya naɗa mai riƙon ƙwarya da ba ya cikin kowane ɓangare, ya ci gaba da tafiyar da hidima yana kawo wa kotu lissafi har a gama shari'a.

Majalisa ta yi ƙoƙarin samar da irin wannan mafita a sashe na 839 na Dokar Kamfanoni, wanda ya ba CAC ikon dakatar da amintattu da naɗa masu riƙo idan an ga alamun almundahana ko rashin iya gudanarwa. Shugabannin addini da ƙungiyoyin farar hula sun yi ca a kan sashen, suna tsoron gwamnati za ta yi amfani da shi ta danne masu sukarta, kuma a watan Afrilun 2023 Mai Shari'a James Omotosho na Babbar Kotun Tarayya da ke Abuja ya soke shi tare da wasu sassa, bisa hujjar sun saɓa wa 'yancin addini da na taruwa da Kundin Tsarin Mulki ya bayar. Tsoron da aka nuna yana da tushe, domin bai dace jami'in da gwamnati ta naɗa ya iya tsige limami ko fasto daga amana da alƙalaminsa kaɗai ba. Amma giɓin da sashen ya so ya cike yana nan. Muna kira ga Majalisar Tarayya ta sake rubuta shi yadda ikon dakatarwa da naɗin mai riƙo zai zama na kotu ita kaɗai, bayan an ji kowane ɓangare, tare da wa'adin da za a kammala irin waɗannan ƙararraki, kamar yadda aka yanka wa ƙararrakin zaɓe kwana 180.

Sannan akwai lissafin da talaka ke biya. A 2018 shugaban Hukumar Kula da Ayyukan 'Yan Sanda na lokacin, Mike Okiro, ya ce fiye da jami'ai 150,000 suna gadin manyan mutane da wasu da ba su ma cancanta ba. Sufetocin 'yan sanda a jere sun sha ba da umarnin a janye su, ana janyewa a takarda suna komawa ta bayan gida. A watan Nuwamban 2025 Shugaba Bola Ahmed Tinubu ya sake ba da wannan umarni, ya ce mai son gadi ya nema a wurin jami'an sibil difens, kuma Sufeto Janar na lokacin, Kayode Egbetokun, ya sanar da janye sama da jami'ai 11,000. Dalilin da aka bayar shi ne ƙarancin 'yan sanda a ƙauyuka da makarantun da 'yan bindiga ke kai wa hari. Wannan dalili ya shafi rigimar amintattu kai tsaye. Duk jami'in da aka ajiye wata da watanni yana gadin ƙofar wata gidauniya don wani ɓangare, an cire shi ne daga wani wurin da ake sace mutane. Idan aka janye ɗan sanda daga riƙe jakar babban mutum sannan aka mayar masa da shi da sunan kare kadarar ƙungiya, ba a yi komai ba.

Yanzu sai mu juyo gare ku, ma'aikatan tarayya da hadiman manya, domin wannan magana ta biyo ta teburanku. Yawancin wasiƙun nan ba sa tafiya su kaɗai. Akwai wayar da ake bugawa daga ofishin minista, akwai ɗan rubutun da mai taimaka wa sanata ke maƙalawa, akwai babban sakataren da ake roƙo ya sa baki don shi ma ɗan garin ne. Mai gida yakan ce a taimaka wa wane, ya wuce taro, hadimi ne ke zama ya tsara kalmomin a kan takardar ofis mai tambarin gwamnati. Ku sani cewa sakin layi na 9 na ƙa'idojin ɗa'ar ma'aikata da ke Jadawali na Biyar na Kundin Tsarin Mulki ya hana jami'in gwamnati yin amfani da muƙaminsa ya aikata, ko ya sa a aikata, abin da zai tauye haƙƙin wani. Sashe na 19 na dokar ICPC ta 2000 kuma ya tanadi ɗaurin shekara biyar ba zaɓin tara ga wanda ya yi amfani da ofishinsa ya samar wa kansa ko ɗan'uwansa ko abokin hulɗarsa wata fa'idar da ba ta dace ba. Mai gida zai gama wa'adinsa ya tafi, fayil kuwa yana nan da sa hannun wanda ya rubuta.

Hadimi na gari shi ne wanda zai tambaya kafin ya rubuta: shin maganar na gaban kotu? Me umarnin ya ce daidai, yaushe aka bayar da shi, an ji ɗaya ɓangaren? Sunayen wa ke cikin rajistar CAC a yau? In amsoshin ba su gamsar ba, ya koma ya gaya wa mai gida cikin ladabi cewa wannan wasiƙa za ta iya ja masa abin da bai yi tsammani ba, ya ba da shawarar a tura wa sashen shari'a na ma'aikatar. Wannan ita ce biyayyar da ke da amfani. Kuma kada ku manta ku ma masu ajiya ne a irin waɗannan ƙungiyoyi. Kuɗinku na cikin ƙungiyar adashen ma'aikata, gidanku na cikin rukunin da wata ƙungiyar mazauna ke kula da shi, 'ya'yanku na makarantar da wasu amintattu ke riƙe da takardun filinta. Hanyar da kuka buɗe wa wani yau ita ce za a biyo a rufe muku ƙofa gobe.

Ga rundunar 'yan sanda, gyaran bai buƙaci sabuwar doka ba. Sufeto Janar na iya fitar da umarni a rubuce cewa duk buƙatar kariya da ta shafi rigimar shugabancin ƙungiya sai ta bi ta sashen shari'a na rundunar, a tabbatar da sahihancin umarnin kotu daga magatakardar kotun da ta bayar, a sanar da ɗaya ɓangaren, a rubuta sunan jami'in da ya amince da wa'adin aikin. Jami'an da aka tura kuma a gaya musu a sarari cewa tsaron lafiyar kowa aka tura su, ba za su fitar da wani ko su shigar da wani ba sai ma'aikacin kotu na wurin da takardarsa. Wanda ya saɓa, Hukumar Kula da Ayyukan 'Yan Sanda ta hukunta shi a bainar jama'a, domin hukuncin da ba a ji labarinsa ba ba ya hana na baya.

Su kuma masu kafa gidauniya da makarantu da wuraren ibada, rigakafin yana hannunsu tun suna raye. Rigimar Celestial ta samo asali ne daga batun magaji da tsarin mulkin cocin ya rataya a wuyan mutum ɗaya. Tsarin mulkin ƙungiya ya fayyace yadda ake naɗa amintacce da yadda ake cire shi, da wa'adinsa, da adadin mutanen da taro ke halasta da su. A riƙa sabunta sunaye a CAC duk lokacin da wani ya rasu ko ya sauka, kuma mambobi su riƙa lura da sanarwar jaridu, tunda doka ta ba da kwana 28 don a kawo ƙorafi kafin a amince da canjin amintattu. A raba dukiyar iyali da ta ƙungiya tun wuri. A kuma sa sharaɗin cewa in saɓani ya taso sai an fara zaman sulhu, ga Dokar Sasanci da Sulhu ta 2023, ga kuma cibiyar sulhu ta Babbar Kotun Birnin Tarayya da ta daɗe tana aiki.

Mutanen da suka ba da fili da kuɗi da guminsu aka kafa waɗannan cibiyoyi, da yawansu sun riga mu gidan gaskiya, ba su da bakin da za su kare niyyarsu. Abin da ya rage musu shi ne doka, da kuma ma'aikacin da zai ƙi a yi amfani da ofishinsa a tsallake ta. Muna kira ga Sufeto Janar, da Babbar Jojin Ƙasa, da Majalisar Tarayya, kowa ya gyara ɓangarensa, ku kuma da wasiƙun ke ratsawa ta hannunku ku riƙa karanta su da kyau kafin ku sa hannu.